Kantin Tsallaken Titi

Bom Retiro, São Paulo
Watan Afrilu

Zuwa ga Gwaggo Malsun,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya, ke da gwiwoyinki da zafin Asunción. Madam Yeom ce za ta kawo miki wannan in ta gama sarin kayanta. Na roƙe ta kada ta buɗe, ta ce ita ko tabarau ba ta tafiya da shi.

Gwaggo, akwai maganar da ban taɓa faɗa wa kowa ba, ko Yaya Gitae. Ina son wani. Na rubuta na daɗe ina kallon kalmomin, kunnuwana har zafi suke yi. Bai san ina yi ba, ban ma tabbata ya san sunana ba. Abin da ya fi muni, ɗan Shugaba Pyo ne, masu sabon kantin da ya buɗe tsallaken titi, ƙofa da ƙofa da namu.

Suna da reshe a Liberdade, suna da a Campinas da Curitiba, yanzu ga su a hancinmu. Gilashi ne tun daga ƙasa har sama, ga firji jere, ga kiɗa. 'Yan makarantar nan masu kallon wasan Koriya a waya layi suke yi su sayi taliyar leda, su ɗauki hoto da ita kafin su ci. Mu kuwa muna nan da buhunan shinkafarmu da awarar Mama da kwan fitilar da ke ƙyaftawa.

Sunansa Renato. A nan aka haife shi, yarenmu na gida, na Koriya, kaɗan-kaɗan yake ji. Daga tagar ɗakina ina ganin lungun da suke sauke kaya. Sai in buɗe littafi a cinya, in yi kamar ina karatu. A littattafan da nake saya a tashar Luz, saurayin kullum fuskarsa a murtuke take. Shi wannan dariya yake yi ko kwali ya faɗo masa a ƙafa.

Ranar da suka buɗe, suka raba wa maƙwabta wainar shinkafa mai jan wake, yadda aka saba. Shi aka aiko gidanmu. Ana ruwa, lema a hannun hagu, faranti a hannun dama. Ya shigo bai rusuna ba, ya miƙa wa Baba da hannu ɗaya, ya ce da harshen Fotugis, "Barka da rana, kawu!"

Baba bai karɓa ba. Ya ce da yaren gida, "Ina ɗaya hannun? Mutuwa ya yi?"

Renato bai gane ba, sai ya yi dariya. Gwaggo, dariyar nan ce ta ɓata komai. Baba ya doke farantin, wainar ta watse a ƙasa. Ya sa hannu a buhun gishirin da muke jiƙa kabeji da shi mu yi kimci, ya dumbuzo. Ke kin san sai baƙon masifa ya fita ake watsa gishiri a bayansa. Shi a fuska ya watsa masa, cikin ido.

Mama ta yi ƙara, "Baban Gitae! Yaro ne fa!"

Ya ce, "Yaron da ubansa ya aiko da sadakar mutuwata."

Renato ya dafe ido, ya fita yana lalube, ya bar lemar. Ina bayan kanta, ko motsi ban yi ba. A littafi da yarinyar ta bi shi da ruwa da hankici. Ni sai na tsugunna na tsince wainar.

Ki gaya mini abin da zan yi da zuciyata. Kada ki yi mini dariya.

Taki 'ya,
Sori

*

Asunción
Watan Mayu

Sori,

Na gaishe ki, ki gaida uwarki. Gwiwoyi suna nan suna aikinsu na hana ni barci.

Na yi dariya, sai dai ki yi haƙuri. So! Ni a shekarunki maɓalli nake ɗinkawa har yatsuna su kumbura, da wane idon zan ga saurayi? Abin da za ki yi da zuciyarki, ki sa ta a robar kimci ki rufe, in kin gama makaranta a buɗe a ga ko ta nuna. Littattafan nan kuma su ne suka mayar da ke kamar kazar da ruwa ya doka.

Yaron ya yi kuskure, amma ba laifinsa ba ne. Wa ya koya masa? Laifin na Pyo ne. Da ƙafarsa ya kamata ya tsallako, ya rusuna, ya miƙa da hannu biyu. Jirgi ɗaya ya kawo su daga Koriya, shi da ubanki. Tare suka yi tallan riguna gida-gida, jaka ɗaya suke ɗauka bi da bi, kuma ubanki ne babba. Yau ya kafa masa gilashi a ƙofa ya aiko ɗan da ba ya jin yare. Ko ni ce da na ji zafi.

Amma gishiri a ido, wannan na san hannun. Ki ji ni da kyau. In ubanki yana faɗa yana zage-zage, da sauƙi. In kika ga ya yi shiru yana goge kanta da tsumma, wurin da ba datti, ki hau sama ki kulle ƙofa. Kada ki tambaye ni yadda na sani.

Na sa miki safa biyu na sanyi. Ki riƙa cin abinci, hotonki kamar tsinken tsire.

Gwaggonki,
Gong Malsun

*

Bom Retiro
Watan Yuni

Gwaggona,

Ina gaisuwa, na gode da safa. Daga yau sai takarda kawai, wayata ta fashe. Zan gaya miki yadda aka yi.

Ciniki ya mutu. Hatta matan cocinmu sai su gaishe da Mama a ƙofa, su zaga ta bayan layi su shiga wancan kantin don kada mu gan su. Ina ganinsu ta taga. Awarar Mama tana tsami muna zubarwa. Yaya Gitae ya yi ta ce wa Baba a gyara fitila, a rubuta sunan kaya da Fotugis, a daina harar yaran da suka shigo da waya. Baba ya ce shi ba gidan kallo ya buɗe ba.

Sai Yaya ya je ya karɓi aiki a wurin su Pyo. Ya ce ko ba komai a samu mai kawo abinci gida. A teburin abincin rana ya faɗa. Baba ya ajiye cokali, ya tashi ya ɗauki tsumma ya fara goge kanta. Na tuna maganarki, amma ban hau sama ba.

Ya ce, "Maimaita."

Yaya ya durƙusa a kan gwiwoyinsa, hannu a cinya, kai a ƙasa. Ya ce, "Baba, a yi mini afuwa, amma zan je."

"Za ka sa jar rigarsu? Ka ɗauki kwalin Pyo a gaban idona?"

"Kwali kwali ne, Baba."

Sandar ƙarfen da muke jawo ƙofar kanti da ita ya ɗauka. Ya fara da kafaɗa. Yaya bai kare ba, ke kin san ɗa ba ya ɗaga wa uba hannu ko don karewa. Yana faɗuwa yana tashi yana sake durƙusawa. Na ji ƙarar ƙarfen a haƙorinsa. Jini ya zubo a kan rigarsa har cikin kwanon miya. Mama ta riƙe sandar, ya hankaɗe ta ta bugu da firji. Na ciro waya, ban ma san wa zan kira ba, ya fizge ya maka ta da bango.

Da ya gaji ya ce, "Fita. Ba ni da ɗa."

Yaya ya tofar da guntun haƙori a tafin hannu, ya rusuna, ya fita. Yana kwana a ɗakin wani abokinsa. Kullum da safe ina ganinsa a tsallake da jar riga da kumburarren baki.

Akwai wani abu kuma, ina jin kunyar haɗa shi da wannan. Mama ta aike ni in kai wa Yaya kayan sawarsa a ɓoye. A lungun na ci karo da Renato. Idonsa ɗaya har yanzu da ja. Ya ce, "Ke ce ƙanwar Gitae? Mai littafi a taga. Ba kya juya shafi, kin sani?"

Na tura masa jakar na gudu. Ashe yana ganina. Na san bai kamata in yi murna a irin wannan mako ba, amma na yi.

Ki sa mu a addu'a.

Sori

*

Bom Retiro
Watan Yuli

Gwaggo,

Ina gaisuwa. Madam Yeom ta ce labari ya riga ni isa wurinki, har kin kwanta ciwo. Abin da kika ji, wai Yaya ya fasa kan ɗan Pyo kuma 'yan sanda sun tafi da shi, rabinsa ne gaskiya. Yana tsare. Amma ba shi ya yi ba. Ni na gani.

Lokacin kimcin sanyi ne. Tun kafin a haife ni wani manomi na garin Mogi yake kawo mana kabeji, motarsa a ƙofarmu take tsayawa. Bana su Pyo sun saye gonar kaf tun tana ƙasa, ba wanda ya gaya wa Baba. Ranar Asabar da safe ya fito da manyan robobi, ya auna gishiri, ya wanke dutsen da muke danne kabeji da shi. Sai ga motar. Baba har ya ɗaga wa direba hannu. Motar ta wuce shi, ta juya, ta shiga lungun su Pyo da baya.

Ina taga. Direban ya tafi shan kofi. Renato ya sunkuya zai ɗaga akwati, Yaya yana cikin motar yana miƙo masa. Tsakanin motar da bango ba mai hangen wurin sai wanda ke sama.

Baba ya tsallaka titi da dutsen a ƙirji, a hankali, kamar mai kai saƙo. Na ɗauka magana zai yi. Sai ya ɗaga dutsen da hannu biyu ya sauke a ƙeyar Renato.

Ba kamar a littafi ba ne, Gwaggo. A littafi ɗan jini ne a goshi, yarinya ta goge. Shi ya kifa da fuska cikin kabeji, ƙafafunsa suna ta shure-shure, takalminsa ɗaya ya cire. Jinin baƙi ne, yana bin kwata. Baba ya sake ɗaga dutsen. Yaya ya diro daga motar ya rungume shi ta baya, suka faɗi tare. Ya ƙwace dutsen. Na ga bakinsa yana cewa, "Tafi! Baba, tafi!" Ya tura shi. Baba ya tsallako ya shige gida, na ji ƙarar famfo.

Yaya ya durƙusa ya tallafi kan Renato yana ihu a kira motar asibiti. Kafin mutane su taru, ya sa hannu ya ɗauki dutsen ya ɗora a cinyarsa. Ya ɗaga kai, muka haɗa ido. Da 'yan sanda suka zo ya miƙa musu hannuwansa, ya ce, "Ni ne." Suka danne shi a ƙasa da gwiwa a wuya duk da bai yi gardama ba. Kowa ya yarda. Ɗan kantin da aka kashe wa kasuwa, ya shiga aiki don ya rama, haka ake faɗa a unguwa.

Renato yana raye. An buɗe kansa. An ce ya farka amma maganarsa ba ta fita, hannun damansa ba ya motsi, kuma bai san abin da ya same shi ba.

Da rana Baba ya buɗe kanti. Mama ta san komai, ta ga rigarsa, ita ta wanke. Ba wanda ya tambaye ni ko ina taga. Ba na iya cin abinci. Na cusa littattafan a ƙarƙashin gado, ba na son ganin bangonsu.

Me zan yi?

Sori

*

Daga inda nake tsare
Watan Agusta

Sori, 'yar ƙanwata,

Ya kike, ya Mama? Lauya ce za ta ba ki wannan. Da rubutun gida na yi don ba ta iya karanta shi ba, ki yi haƙuri da kurakurai, kin san ni da makarantar Asabar ta koyon yaren gida.

Lafiyata lau. To, da sauƙi dai. Mun yi yawa a ɗakin, barci ma bi da bi ne. Bajapane suke ce mini, na gaji da gyara musu cewa ni ɗan Koriya ne. Makon farko wasu suka so takalmina, na yi taurin kai, suka karya mini haƙarƙari biyu. Yanzu na koyi zama. Kada ki gaya wa Mama.

Na gan ki a taga. Shi ya sa na rubuto. Ki rufe bakinki, Sori. Ba roƙo nake ba, yayanki ne ke magana.

Baba ya tsufa, ga ciwon suga, ga shi ko gaisuwa ba ya iya yi da Fotugis ba tare da ya ɓata wa mutum rai ba. A ɗakin nan ba zai kai Lahadi ba. Ni ina da ƙarfi. Lauya ta ce tunda na amsa da bakina za a sassauta, shekarun ba za su kai yadda ake tsoro ba. Ni ne ɗan fari, wannan kayana ne. Kuma da ban sa jar rigar nan ba, ƙila da bai kai haka ba.

Renato yakan raba abincinsa da ni da ya ga bakina ba ya iya tauna. Shi ne kullum a idona. In kin je coci ki yi masa addu'a, ni tawa ba ta tashi.

Ki ci gaba da makaranta, malalaciya. Ki kula da Mama. Baba ya tambaye ni kuwa?

Yayanki,
Gitae

*

Asunción
Watan Satumba

Sori, 'yata,

Ina gaishe ki. Na tashi, amma ba daɗi. Na karanta wasiƙarki, da ta yayanki da kika haɗo mini. Na zauna zan rubuta miki abin da uwata ta gaya mini, wato 'ya ba ta kai ubanta gaban hukuma, abin gida a gida yake ruɓewa. Har na rubuta, na yaga.

Kin taɓa tambayata me ya sa nake juyo miki da kunnen hagu in kina magana, na ce zazzaɓi ne tun ina yarinya. Ba zazzaɓi ba ne. Muna sabbin zuwa, ina ɗinki a wurin ubanki, wani ya ba ni aiki a shagonsa da albashi mai kyau, na ce zan je. Da ƙafar keken ɗinki ubanki ya buge ni a kunnen. A asibiti likita ya tambaya, uwarmu ta matse mini hannu, na ce faɗuwa na yi a bene. Aka ce na kyauta, na rufa wa gida asiri. Da na samu mijin da zai kai ni wata ƙasa, ban tsaya duba fuskarsa ba.

Na yi shiru, kuma ga inda shirun ya kai. Ya kai bakin Gitae, ya kai kan ɗan mutane.

Ba zan ce ki yi magana ba. Yayana ne, ya goya ni a bayansa lokacin da ba mu da takalmi, kuma in ya shiga can gawarsa za a fito da ita, Gitae bai yi ƙarya ba. Ba kuma zan ce ki yi shiru ba, bakina ba zai iya ba. Na tsufa ban san amsar ba. Abin da na sani, akwai gado a gidana, kuma Madam Yeom tana da kuɗin motarki a hannu duk ranar da kika ce.

Allah ya tsare ki.

Gwaggonki,
Malsun

*

Bom Retiro
Watan Oktoba

Zuwa ga Baba,

Ina gaisuwa cikin ladabi. A gafarce ni da na rubuta maimakon in faɗa. In na tsaya a gabanka muryata ba ta fita.

Ina taga ranar Asabar ɗin nan. Na ga wanda ya ɗauki dutsen, na ga wanda ya karɓe shi.

Na so in yi shiru. Yaya ya umarce ni, na yi ta ƙoƙari. Amma ranar Lahadi a ƙofar coci na ji ka ce wa dattawa, "Yaron nan ya ja mini abin kunya, ban san inda ya ɗauko wannan hali ba." Suna dafa ka suna ba ka haƙuri. Da muka dawo Mama ta ce ka je ka gan shi ko sau ɗaya, ka mare ta har ɗan kunnenta ya yage. A wasiƙarsa tambaya ɗaya ya yi mini, ko ka tambaye shi. Ban ba shi amsa ba.

Jibi za a shiga da shi gaban alƙali. Ina roƙonka, Baba, ka je da ƙafarka ka faɗa. Zan raka ka, zan yi maka tafinta, zan riƙe maka maganinka. In ba ka je ba, ni zan je wurin lauya in faɗi abin da na gani. Ina sonka, kuma ina tsoronka, kuma zan je.

Na yi tunanin in tura wannan ta ƙarƙashin ƙofa in bi Madam Yeom. Amma in ka karanta ba na nan, Mama za ka samu. Don haka na aike ta kasuwa.

Ina jin ka a ƙasa kana jan buhu. Zan ninke takardar yanzu in sauko in ba ka, kuma zan tsaya a wurin har ka gama karantawa.

'Yarka,
Sori